Ku Tambayi Mai Ra'ayin Mazan Jiya Abin da Yake Karewa

Ƙannena na unguwannin Nima da Mamobi a Accra, na daɗe ina ɗaukar duk mai ra'ayin mazan jiya a matsayin maƙiyin baƙar fata, kuma ban rasa hujja ba. A 1964 Sanata Barry Goldwater ya ƙi amincewa da dokar da ta haramta wariyar launin fata a Amurka, bisa hujjar cewa gwamnatin tarayya ba ta da hurumin zaɓa wa mai otal wanda zai saukar. A 1986 Shugaba Reagan ya hau kujerar na-ƙi kan takunkumin da aka shirya ƙaƙaba wa Afirka ta Kudu saboda mulkin wariyar launin fata, sai da majalisa ta rinjaye shi. Nan gida Ghana ma, dattawan zango ba su manta dokar korar baƙi ta gwamnatin Firayim Minista Busia a 1969 ba.

Sai dai na yi gaggawar yanke hukunci. Edmund Burke, wanda ake kira uban wannan ra'ayi, shi ne ya jagoranci tuhumar Warren Hastings, tsohon gwamnan Turawan Ingila a Indiya, a majalisar Ingila daga 1788 saboda zaluntar mutanen Indiya. Tushen ra'ayin shi ne kiyaye abin da aka gada da ƙin canjin gaggawa, kuma nan ne hatsarin yake, domin idan abin da aka gada zalunci ne, cewa a bi a hankali na nufin wanda ake zalunta ya ci gaba da haƙuri. Saboda haka ku riƙa tambayar mutum wace al'ada yake karewa, kuma wa take dannewa.

Kuskurena mafi girma a cikin gidanmu na yi shi. Ina zagin Goldwater a majalisar shayi, amma ranar da kawuna ya mayar da goron neman auren 'yarsa don an ce kakan yaron bawa ne, ina zaune a tabarma guda da shi, ban ce uffan ba. Yaron mahaddaci ne, tela mai riƙon amana, kuma Huɗubar Bankwana da muka taso da ita ta ce Balarabe bai fi wanda ba Balarabe ba sai da tsoron Allah. Idan aka zo binciken asali kan auren ƙanwarku, ku rusuna, ku ce: "Kawu, a yi haƙuri, mene ne laifin shi yaron?"