Asubar Juve a titunan Brooklyn

Ƙarfe biyar na asubar Litinin ta farko a watan Satumba, ranar hutun ma'aikata a Amurka, na sauka daga jirgin ƙarƙashin ƙasa a Grand Army Plaza da ke unguwar Brooklyn ta birnin New York, na bi layin binciken 'yan sanda, na kutsa cikin taron da ya cika titin Flatbush maƙil. Bikin da ya fito da mutane shi ne J'ouvert na 'yan asalin tsibiran Caribbean, wanda ake furtawa Juve, kalmar da ta samo tushe daga Faransanci da ma'anar wayewar gari.

Ba a ɗaura lasifika a wannan jerin gwano. Sautin da ya cika unguwar na gangunan ƙarfe ne, waɗanda talakawan tsibirin Trinidad suka ƙera daga duron mai a shekarun 1930 da 1940, bayan Turawan mulkin mallaka sun hana kakanninsu kiɗa gangar fata. Ana tura su a kan amalanke, jama'a na biye da su da ɗan gajeren taku, ana watsa hoda da fenti, har farar rigata ta koma shuɗiya kafin mu kai titin Empire Boulevard.

Waɗanda suka fi tsaya mini a rai su ne 'yan Jab Jab na tsibirin Grenada, da suka shafe jikinsu da baƙin mai, suka ɗora ƙaho a ka, suna jan sarƙa a kan kwalta. Da farko na tsorata, sai wata dattijuwa da ke tsaye kusa da ni ta bayyana mini cewa sarƙar tunawa ce da bauta, domin bikin ya ginu ne bayan 'yantar da bayi a waɗannan tsibirai a 1838, lokacin da waɗanda aka hana shiga shagalin iyayengijinsu suka mamaye titi da nasu. Shaye-shaye da ƙarancin sutura ba su kwanta mini ba, amma jin wannan bayani ya sa na daina ɗaukar taron a matsayin holewa kawai.

Jikokin dattijuwar biyu, haifaffun Amurka, sun ɗaure kawunansu da tutar Trinidad mai launin ja da fari da baƙi, kuma ta ce duk shekara takan tashe su da kanta don kada su manta da asalinsu. Da rana ta fito, ta saya mini wani jan abin sha da suke kira sorrel, na kurɓa, na ji ashe zoɓo ne da citta da kanumfari.