Yadda Na Dawo da Sauti a Kwamfutar da Na Saya ta Hannu

A makon jiya na sake ɗora Windows 10 a kan kwamfutar tafi-da-gidanka da na saya ta hannu, komai kuma ya tafi daidai in ban da sauti, domin alamar lasifika da ke ƙasan allo ta fito da jan kuros. Da na buɗe Device Manager, wurin da Windows ke jera na'urorin da ke cikin kwamfuta, sai na tarar da alwatika mai ruwan ɗorawa a jikin na'urar sautin, tare da lambar kuskure 28, wadda ke nuna cewa babu direba, wato ƙaramar manhajar da ke tafinta tsakanin Windows da katin sauti.

A nan ne garaje ya ci ni. Saboda yawancin kwamfutocin da na taɓa gyarawa katin sautin kamfanin Realtek suke ɗauke da shi, ban tsaya bincike ba, na sauke direbansa, na ƙona data mai yawa, na ɗora, na kashe na kunna, amma shiru kake ji.

Abin da ya kamata in fara yi shi ne in tambayi na'urar sunanta, tunda kowane katin sauti yana ɗauke da lambar shaidarsa. Idan aka shiga Properties na na'urar a cikin Device Manager, aka zaɓi Details, sannan Hardware Ids, za a ga dogon layi mai ɗauke da VEN da haruffa ko lambobi huɗu a bayansa, waɗanda ke nuna kamfanin da ya ƙera shi. Na Realtek 10EC ne, na Intel 8086, nawa kuwa 14F1 ya nuna, wato Conexant. Ashe tun farko ƙofar wani gida nake ƙwanƙwasawa.

Na cire direban da na ɗora, na je shafin kamfanin da ya ƙera kwamfutar, na nemo wanda ya dace da lambar samfurinta. Manhajojin nan masu alkawarin sabunta dukkan direbobi da dannawa ɗaya, ni dai ban yarda da su ba, domin sau da yawa suna shigo da tarkacen talla.

Jan kuros ya ɓace, amma lasifikar ba ta ce uffan ba, har sai da na lura cewa wayar HDMI, mai ɗaukar hoto da sauti, tana jone da talabijin ɗin falo, Windows kuma ta mayar da shi mafitar sauti. Ina zare wayar, karatun da na bari a kunne ya cika ɗakin.