Buhun dawa da littafi na biyu

Na miƙa wa majalisar ikilisiyarmu takardar ajiye aiki. Na san za a tare ku da tambaya a wuraren taro, ku da muka yi makarantar Littafi Mai Tsarki tare, da ku iyayenmu na zumuntar mata da kuka riƙa tara mana baiko tun ranar da aka ɗora mana hannu aka aike mu Sudan. Gara ku ji daga bakina. Abin da aka rubuta a kaina shi ne wai ina jin kunyar bishara. Ban yarda da wannan ba, kuma ga yadda aka yi maganar ta kai nan.

A watan Yulin 2022, damina ta kankama, faɗa ya ɓarke a jihar Nilul Azrak tsakanin Hausawa da maƙwabtansu na ƙabilun yankin. Tushen abin ƙasa ce da sarauta: Hausawa sun nemi a ba su sarautar gargajiya tasu, wasu kuwa suka ɗauki wannan a matsayin neman mallakar ƙasa. Cikin 'yan kwanaki an kashe fiye da mutum 100 a wajajen Rusairis da Damazin, dubbai suka gudu. Hausawan nan ba jiya suka zo ba. Kakannin wasu hanyar hajji ce ta ajiye su, wasu kuma sun biyo Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, bayan yaƙin Burmi na 1903, suka kafa garin da har yau ake kira da sunansa kudu da Sannar. Guminsu yana cikin gonakin audugar Jazira tun da aka gama madatsar Sannar a 1925. Duk da haka, ranar da wuta ta tashi, baƙi aka kira su.

Da yawa suka yo arewa, wasu wajen dangi a Mai Wurno, wasu suka cika azuzuwan makarantu a Sinja, inda muke. Kuɗi suka zo daga gida da waje, muka sayi dawa da man girki da adas da gidan sauro. Ni aka zaunar a teburin rubuta suna, tunda ina jin Hausa ina kuma iya Larabcin kasuwa. Rabon farko ya tafi lafiya: a duba yawan bakin da ke gida, a auna, a ba da.

Sai Baba Rabaran, shugaban aikinmu, ya iso daga Khartum da sabon tsari. Ba za a buɗe buhu ba sai an gama wa'azi. Bayan wa'azi za a yi kira, duk wanda ya ɗaga hannu a rubuta sunansa da garinsu a littafi na biyu, a ɗauke shi hoto, a sallame shi kafin kowa, a ƙara masa da mai da bargo.

Da dare na same shi, na durƙusa na gaishe shi kamar yadda na saba. Na ce, "Baba, mutanen nan wasunsu ko gawar 'ya'yansu ba su samu binnewa ba. In muka yi haka, hannun da za a ɗaga ba na Yesu ba ne, na yunwa ne." Ya ce, "Ɗana, mu ba ƙungiyar agaji ba ce. Masu aiko da kuɗin nan ba buhu suke tambayata ba, rayuka nawa suke tambaya." Ya kawo mini Markus 8:36, me mutum zai ƙaru da shi in ya sami duniya duka ya rasa ransa. Ya kawo 2 Timoti 4:2, a yi wa'azin Maganar ko da dama ko ba dama. Ba zan ce munafuki ba ne. Mutum ne da aka ƙona wa coci a rikicin bayan zaɓen 2011, ya sake ginawa, kuma ya yi shekaru yana aiki inda ba a ganin amfanin gona. Na san ƙishirwar da ke cikinsa ta ya ga girbi kafin ya mutu. Amma ƙishirwa ba ta mai da abin da ba daidai ba ya zama daidai.

Washegari, ana cikin kiran, wata tsohuwa ta matso teburina riƙe da jika. Ta rage murya ta ce, "Ɗana, in na ɗaga hannun za a ba ni man?" Na ce, "Inna, ko kin ɗaga ko ba ki ɗaga ba, rabonki ne." Na miƙa mata. Na rufe littafi na biyu na ajiye shi a gaban Baba Rabaran, na ce ba zan rubuta a ciki ba, littafi na farko kuwa zan ci gaba da shi in an bar ni. Ba a bar ni ba.

Tun daga ranar nake komawa Yohanna sura 6, kuma kullum abu ɗaya nake gani. Yesu ya ciyar da mutum dubu biyar bai tambayi kowa abin da ya gaskata ba. Ba a yi layi biyu a kan ciyawar nan ba. Da suka ƙoshi suka so su naɗa shi sarki da ƙarfi, sai ya janye ya hau dutse shi kaɗai. Washegari da suka biyo shi har Kafarnahum, bai ce wa Bitrus ya kawo alƙalami a rubuta sunaye ba. Ce musu ya yi a fili, kuna nemana ne don kun ci gurasa kun ƙoshi. Sannan ya faɗa musu magana mai wuyar haɗiya game da namansa da jininsa, har da yawa cikin almajiransa suka koma baya, shi kuwa bai sassauta kalma ɗaya don ya riƙe su ba. Wato Ubangiji da kansa ya raba abu biyun nan: gurasa ga duk mai jin yunwa, kira kuwa a fili, ba tare da gurasa a hannu ba. Taron da gurasa ta kawo bai lissafa shi bangaskiya ba. Mu kuwa shi muka so mu lissafa, har mu aika da hoto.

Haka kutare goma na Luka 17. Duka goman ya warkar, ɗaya ne ya dawo da godiya, shi ma Basamariye. Yesu ya yi tambaya a kan taran, amma bai mayar musu da kuturtarsu ba. A Matiyu 5:45 kuma ya ce Ubanmu yakan sa rana ta fito wa mugaye da nagargaru, ya saukar da ruwa ga masu adalci da marasa adalci, kuma da wannan ne za a gane mu 'ya'yansa ne. Wannan ba ƙaramar koyarwa ba ce da za a ajiye gefe in aiki ya matsa. Ita ce zuciyar abin da muka gaskata. Romawa 5:8 ta ce tun muna masu zunubi Almasihu ya mutu dominmu. Bai jira mu ɗaga hannu ba. In ceto ta wurin alheri yake, kyauta daga Allah, ba ta ayyuka ba, kamar yadda muke haddace wa yara Afisawa 2:8-9, to, yaya za mu tsaya a kan buhu mu koya wa mutum, da aiki ba da baki ba, cewa a wurin Kiristoci komai da farashinsa? Wa'azin da teburin ya yi ya fi na bakin mai wa'azi ƙara, kuma ƙarya ya faɗa a kan Allah.

Siman mai sihiri ya kawo kuɗi ya sayi baiwar Ruhu, Bitrus ya ce masa kuɗinsa su hallaka tare da shi. Mu juya cinikin muka yi, muka kawo kaya mu sayi shaidar baki. Romawa 10 ta haɗa baki da zuciya wuri ɗaya, ba ta yarda a raba su ba. Hausawa sun ce in baki ya ci, ido kan ji kunya. Na ga dattawa masu furfura, waɗanda suka yi shekaru suna koyar da allo, sun ɗaga hannu kansu a sunkuye saboda jikoki suna kuka a baya. Wannan ba tuba ba ce, wulaƙanci ne, kuma mun ɗora shi a kan mutanen da aka riga aka kora daga gidajensu.

Ba ni kaɗai na ƙago wannan ra'ayi ba. A 2011 Majalisar Ikilisiyoyi ta Duniya da ofishin Fadar Paparoma mai kula da hulɗa da sauran addinai da haɗaɗɗiyar ƙungiyar masu bishara ta duniya suka fitar da takarda tare a kan yadda Kirista zai yi shaida a tsakanin masu wasu addinai, suka ce cin amfanin talauci da buƙatar mutum ba shi da wuri a aikin bishara. Ba kasafai ɓangarorin nan uku ke haɗa baki a kan abu ba. Tun kafin su ma, Bulus ya faɗa a 2 Korintiyawa 4:2 cewa sun rabu da ɓoyayyun hanyoyi na kunya, ba sa wayo, gaskiya suke bayyanawa a fili ga lamirin kowa.

Game da jin kunyar bishara kuwa, a tambayi waɗanda suka zauna da ni a ƙarƙashin rumfa bayan sallar isha'i. Wani malami daga Rusairis ya riƙa zuwa muna shan shayi, yana ja da ni a kan gicciye da kuma kiran Yesu Ɗan Allah. Ban ɓoye masa komai ba. Na ce masa na gaskata Kalman ya zama mutum, ya mutu da gaske, ya tashi a rana ta uku, kuma ba ni da wani bege sai shi. Bai yarda ba, ni ma ban janye ba, muka rabu yana kirana Malam ina kiransa Malam. Ya saurare ni ne domin ya san buhunsa ba ya rataye a kan amsarsa.

Akwai kuma haɗarin da na faɗa aka ƙi ji. Gaskiya ne an soke sashe na 126 na dokar laifuffuka, mai hukunta ridda da kisa, a Yulin 2020. Amma a daidai waccan damina ta 2022 an gurfanar da wasu maza huɗu a Zalinje, a Darfur ta Tsakiya, a kan wannan tuhuma da aka ce an soke, sai a Satumba aka kori ƙarar. A irin wannan ƙasa, rubuta sunan ɗan gudun hijira da garinsu a ƙarƙashin kan magana mai cewa ya bar addininsa ba wasa ba ne, balle ma mutumin bai bar komai ba.

Rahoto ya riga ni isa gida. Aka rage mini alawus, aka cire sunana daga cikin waɗanda za a naɗa, majalisa kuwa ba ta kira ni ta ji ta bakina ba, ko sau ɗaya, duk da Matiyu 18 da muke karanta wa membobi in sun yi faɗa. A Oktoba da aka sake kashe wajen mutum 200 a Wad al-Mahi, sababbin 'yan gudun hijira suka iso, ina tsaye a waje, ba ni da izinin taɓa teburin, mutane suna yi mini magana da Hausa ina nuna musu wani. Wannan ya fi rage alawus ciwo. Daga baya na ji an karanta adadin littafi na biyu a babban taro a gida, aka yi guɗa. Cikin waɗannan sunaye ba wanda ya nemi baftisma, ba wanda ya dawo sujada bayan kaya sun ƙare.

Na gafarta wa Baba Rabaran, ina kuma sa shi a addu'a da sunansa, domin Ubangiji bai bar mini zaɓi ba, ni ma da gafara nake rayuwa. Sai dai gafara ba ta ce in kira ƙarya gaskiya ba. Bulus ya tsaya wa Bitrus ido da ido a Antakiya, bai fasa ɗaukarsa manzo ba. Takardar da aka rubuta a kaina tana nan a fayil ɗina har yau, kuma har yau ba daidai take ba.

Sauran abubuwan da na koya ba su da tsawo. Ku masu tasowa, duk umarnin da ya dame ku ku nemi a ba ku shi a rubuce. Ku koyi Larabci kafin ku taso, kada ku dogara ga tafinta. Kada ku yarda rahotonku ya bi ta hannun mutum ɗaya tak. In Allah ya kawo zaman lafiya kuka je Khartum, ku leƙa kufan Soba, babban birnin daular Kirista ta Alwa: ƙasar nan ta yi kusan shekara dubu da ikilisiyoyi da bishop-bishop, adadi bai hana su shuɗewa ba. Ku kuma iyayenmu masu ba da baiko, ku rage tambayar rayuka nawa, domin tambayar ce ke haifar da littafi na biyu.

Yaƙin da ya fara ranar 15 ga Afrilun 2023 ya fitar da mu duka daga ƙasar. A ƙarshen Yunin 2024 dakarun RSF, masu yaƙi da sojojin gwamnati, suka shiga Sinja, sojoji ba su karɓe ta ba sai a Nuwamba, mutanen da muka rubuta kuwa sun sake watsewa, wasu Gadarif, wasu Kasala. Littafi na biyu yana hannun majalisa, hotunan suna cikin rahoton da aka raba wa masu tallafi, wasu ma an sa su a Facebook. Ba na neman naɗi, ba na neman a biya ni abin da aka rage. Roƙona ga majalisa shi ne a ƙona littafin, a sauke hotunan daga duk inda aka sa su, a kuma rubuta wa masu tallafi a ce musu su goge nasu.