Ranar da aka yi ruwan 'yan tsana a Hershey

Suna ne ya kai ni Amurka. 'Yata ta haihu a Filadelfiya a ƙarshen Disambar 2024, uwarta ba ta iya doguwar tafiya saboda ƙafa, sai aka ɗora mini. Tun a filin jirgi aka fara ɓata mini rai. Wani jami'i ya buɗe jakata, ya ɗago kilishin da na yo wa mai jego tsaraba da yatsu biyu kamar ya ɗauko mushen ɓera, ya wurga a kwandon shara. Na san doka ce, nama ba ya shiga ƙasarsu, ban kuma yi musu ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yaron bai kai sa'ar ɗana na uku ba, amma ko kallon fuskata bai yi ba, balle ya ce sannu da hanya. Daddawa kuwa ya shinshina, ya yamutsa fuska, ya bar mini.

Kwana bakwai ina ɗaki kamar ni ne mai jegon, sanyi ya hana ni ko leƙa ƙofa. Ranar Lahadi 5 ga Janairu surukina ya durƙusa ya ce, "Baba, tunda kun yi shekaru kuna malamin wasanni, bari in kai ku ku ga wasan mutanen nan." Na ɗauka ƙwallon kwando yake nufi. Ashe ƙwallon gora ce, amma ta kan ƙanƙara.

Daga Filadelfiya zuwa Hershey tafiyar kamar awa biyu ce, kusan Kano zuwa Zariya, sai dai babu rami, babu mai tsayar da kai ya ce a ba shi na ruwa. Mun ratsa ta yankin Lancaster inda mutanen Amish suke. Turawa ne da suka ƙi mota da wutar gwamnati, suna tafe a keken doki, maza da gemu ba gashin baki. A ƙasar da ta je wata! Na ce wa surukina waɗannan da Fulanin dajinmu za su fahimci juna ba tafinta. A wani shago na bakin hanya ya saya mini shayi a kofin takarda, dala uku. Na buga lissafi da canjin sama da naira 1,500, shayin ya ƙi wucewa. Kuɗin da zai shayar da majalisarmu kaf har da burodi.

Hershey ƙaramin gari ne da wani attajiri, Milton Hershey, ya gina kewaye da masana'antarsa ta cakulan. Babban titin sunansa Chocolate Avenue, fitilun kan titi ma an ƙera su da siffar alewarsu. Ƙungiyar garin, Hershey Bears, rigarta ruwan cakulan ce. Tun 1938 take buga gasar AHL, wadda ke ƙarƙashin babbar gasa ta NHL, kuma aikinta renon 'yan wasa wa ƙungiyar Washington Capitals. Wanda ya yi fice a kira shi sama, wanda ya yi sanyi a can a dawo da shi.

A bakin filin wasan, Giant Center, na ga abin da ya ɗaure mini kai. Manya da furfurarsu, kowa na jan buhun leda cike da 'yan tsana na auduga. Mu kaɗai muka shiga hannu rabbana. Allah ya haɗa mu da wani dattijo a kujerar gefe, shi da matarsa. Da ya ga ba mu riƙe komai ba, bai tambayi daga ina muke ba, ya kwance buhunsa ya tara mini guda goma sha a cinya, matar ta miƙo mini bargo. Ya ce in jira, kada in jefa sai Bears sun ci ƙwallon farko.

Wasan kansa sai da na sha wuya kafin idona ya kama shi. Mutum shida ne kowane ɓangare har da gola, a kan takalma masu wuƙa a ƙasa, kuma abin da suke bi ba ƙwallo ba ne, wani baƙin faifan roba ne kamar murfin gwangwanin madara, wanda ake daskarar da shi kafin wasa. Zango uku ake yi, minti 20 kowanne. Ɗan wasa bai cika minti ɗaya a fili sai ya tsallake katanga wani ya diro, wasa bai tsaya ba. Ana maka mutum da bango har gilashi ya girgiza, alƙali ko a jikinsa. Dattijon ya ce idan biyu suka zubar da safar hannu suka kama dambe, hukuncin minti biyar ne a akurki. Minti biyar! Ni da na taɓa korar yaro daga tim na wata guda don ya ɗaga wa ɗan'uwansa hannu.

Ana cikin haka ya nuna mini wani mutum cikin kwat, tsaye a bayan 'yan wasa ya harɗe hannu. Ya ce wannan shi ne Todd Nelson, kociyansu, ya faɗi sunan yadda ake faɗin sunan sarki a garinsa. Na tambaya ko shahararren ɗan wasa ne a da. Ya yi dariya ya ɗaga yatsu uku. Wasa uku kacal na lig ya buga a NHL, ɗaya a Pittsburgh, biyu a Washington, ƙwallo ɗaya ya ci. Ɗan Kanada ne, haifaffen Prince Albert a lardin Saskatchewan a 1969, ɗan baya. Pittsburgh ta zaɓe shi a 1989, amma sauran ƙuruciyarsa a ƙananan gasa ta ƙare, a bas daga wannan gari zuwa wancan, Muskegon, Portland, Grand Rapids, har Hershey ɗin ma ya buga mata, ya leƙa Jamus da Finland. A 1994 ya ɗauki kofin Calder, wato kofin gasar AHL, yana ɗan wasan Portland Pirates.

Jin 1994 sai na tuna da marigayi Stephen Keshi, wanda ya ɗaga kofin Afirka a Tunisiya a shekarar, ya sake ɗagawa a 2013 yana kociya. Amma Keshi tauraro ne tun asali. Wannan kuwa irin yaran nan ne da suka wuce ta hannuna, waɗanda suka je gwaji suka dawo, muka shiga yi musu jaje kamar an yi rasuwa, muna cewa ba su da rabo. Da yawansu sun fi taurarin sanin wasa, don su da kai suka koye shi, ƙafa ba ta yi musu aikin a banza ba. Babu wanda ya taɓa miƙa wa ɗayansu usur ya ce riƙe mana yara. Ni ma ban yi ba.

Nelson da ya ajiye sanda ya fara horarwa daga can ƙasa a Muskegon. Ya ci Calder a 2008 yana mataimaki a Chicago Wolves. A ƙarshen 2014 aka ba shi riƙon ƙwarya na Edmonton Oilers a babbar gasa, kakar na ƙarewa aka ɗauko wani. Ya koma ƙasa, ya ci kofi da Grand Rapids a 2017. Ya zo Hershey a 2022, ya ci a 2023, ya maimaita a 2024, duka biyun a kan ƙungiyar Coachella Valley, duka biyun a ƙarin lokaci. Kofin Hershey ya zama 13, babu mai yawansu a gasar. Dattijon yana cikin ba ni labarin wasa na bakwai, na ƙarshe a karon ɗaukar kofin 2023, wanda aka buga a Kalifoniya suka kwana ido biyu suna kallo, sai ƙaho ya ɗauka.

Ban ma ga shigar ƙwallon ba. Abin da na gani sama ta yi duhu. 'Yan tsana ta ko'ina, ƙanana da manya, wasu sun kai girman tunkiya, na sama suna jefo wa na ƙasa, na ƙasa suna turawa gaba. Wata ta sauka a kaina ta tafi da hulata. Na tsinci kaina a tsaye, ni mai jikoki, ina jifa ina ihu, surukina ya sunkuyar da kai don kunya. 'Yan wasan da ɗazu suke neman karya juna suka riƙa faɗawa cikin tulin kamar yara a kan yashi. An fi rabin awa ana kwasa. Da aka ƙirga, 102,343, a filin da bai wuce mutum dubu goma da 'yan ɗari ba, kuma duk ƙungiyoyin taimakon yara za a raba wa. Kociyan dai yana inda yake, da alama lissafin zango na gaba yake yi.

Mun rabu da dattijon a wurin ajiye motoci. Ya zaro faifan roban nan daga aljihu ya danƙa mini, ni kuwa ba ni da abin ba shi sai goro biyu da suka tsira daga jami'in nan. Ya gutsura a gabana, fuskarsa ta nuna bai ji daɗi ba, ya ce madalla.

Washegari aka yi niyyar Washington, dusar ƙanƙara ta rufe hanya, aka fasa. Ko'ina tuta a rabin sanda saboda rasuwar tsohon shugaban ƙasarsu Jimmy Carter, mutumin da ya yaƙi kurkunu a ƙauyukanmu. New York kwana ɗaya na yi, hayaniya da tsada, na ci tuwo a Bronx wajen wasu 'yan Kumasi. Jirgi, Abuja, mota, gida. Faifan na ajiye shi a kan talabijin, jiya na tarar Hajiya ta tokare ƙofar kicin da shi.