Wanda ba shi da kuɗin fim, rubutu ne jarinsa

Ni dai ban shigo harkar fim ta hannun wani babban furodusa ba, ban kuma samu zuwa makarantar fim ta Jos ba duk da na so. A Zoo Road ta Kano, matattarar 'yan fim, na fara, ina zama gefen wani edita ina kallon yadda yake yanka sin, wato fitowa-fitowar fim, yana haɗawa, a nan na gane cewa yawancin wahalar da yake sha tun daga takarda ta samo asali. Lokacin finafinanmu da yawa ba su da cikakken sikirif, wato rubutaccen labarin fim, 'yan shafuka ne kawai, an rubuta falo, rana, uwa tana wa ɗanta faɗa kan maganar aure, shikenan, sauran sai jarumi ya ƙirƙira a gaban kyamara. Akwai masu baiwa wallahi, za su cika maka sin har ka riƙe baki, amma sai ka ga abin minti ɗaya ya kai biyar ana ta gaisuwa da ban gajiya labari na tsaye wuri ɗaya.

A da ɗan kasuwa a Ƙofar Wambai ke da ta cewa, shi zai faɗi wa za a sa a fosta da waƙa nawa yake so. Da kasuwar CD ta faɗi, masu satar fasaha da masu tura fim a waya suka ƙarasa ta, ga fassarar Indiya ta cika gari, mutane da yawa suka bar sana'ar. Ni kam a lokacin na samu sarari. Arewa24 da ta fara a 2014 ta nuna jama'a za su bi labari mako bayan mako in dai ya kama su, YouTube kuma ba ya tambayarka ɗan wa kake.

Fim ɗina na farko sai da na duba abin da nake da shi sannan na rubuta, gidan kakata a cikin birni, soro da tsakar gida, sai shagon wani tela abokina. Labarin gaba ɗaya a nan ya ƙare. Duk inda ka rubuta dare a sikirif to ka rubuta kuɗin fitila da janareto da mai, kuma ƙarar janareton nan za ta bi ka har wurin edita. Sauti ma shi ne abin da ya fi ba mu wuya, ana cikin ɗauka adaidaita sahu zai wuce ko zakaran maƙwabta ya ɗaga murya a sake daga farko. Sannan ga Hukumar Tace Finafinai ta Kano da aka kafa tun 2001, gara ka san abin da ba zai wuce ba tun kana rubutu, da ka ɗauka ka biya kowa a ce ka cire.

Yanzu ina koyar da rubutun fim ranakun Asabar, kuma na fi jin daɗin wannan a kan zuwa lokeshin, wurin ɗaukar fim. Yawancin ɗalibaina mata ne marubutan littafi da ke sakin labari a WhatsApp, sun iya labari sosai, sai dai sun saba da rubuta abin da ke cikin zuciya, ta ce a ranta kaza, ta tuna kaza. Kyamara ba ta ɗaukar rai. Nakan tura su su zauna a gidan biki ko cikin mota su rubuto yadda mutane ke magana da gaske, sai su dawo suna mamaki, uwa ba ta kama sunan ɗan fari, mace ba ta cewa surukarta ta ɓata mata rai ido da ido, ai da kunya.

Wata ɗaliba ta kawo min shafi biyu na amarya tana zayyana baƙin cikinta, na ce Malama ki koma ki nuna min ba tare da ta buɗe baki ba. Da ta dawo layi uku ne, amaryar ta kawo wa uwar mijin abinci, ta ajiye a tsaye ba ta durƙusa ba, ta juya. Sin ɗin nan mun ɗauke shi a tsakar gidan kakata, ko kalma ɗaya ban ƙara mata ba.