Dafa-dukar bakin tafkin Martin

Kilishin da na yi wa ƙanwata tsaraba bai shiga Amurka ba. A filin jirgin da na fara sauka wani jami'i ya buɗe jakata, ya ɗaga ƙunshin da yatsu biyu kamar ya tsinci mushe, ya ce ba a shigo da nama. Doka ce, na yarda, amma ko kallon fuskata bai yi ba ya wurga shi kwandon shara. Kilishin Agadasawa fa!

Sai da na isa Lafayat, a jihar Luwiziyana, inda ƙanwata ke karatu, na san girman asarar. Tana zaune da wata 'yar Maleshiya, ga maƙwabciyarsu wata tsohuwa Bakajuna. Kakannin Kajun masu jin Faransanci ne da Turawan Ingila suka fara kora daga gabashin Kanada a 1755, suka zo suka zauna a wannan ƙasa mai fadama. Tsohuwar na ganina ta ce, "Sha!" Na waiga ina neman ruwan da za a miƙo mini. Ƙanwata ta kwashe da dariya: "Yaya, ba ruwa ba ne, 'yar lele take ce miki."

Tsohuwar ce ta ce ran Asabar za mu je shan iska bakin tafkin Martin, kusa da garin Breaux Bridge, kuma jambalaya za ta dafa. Wannan abu dai dafa-duka ce, ba wani boka ba malam, sai dai da tsiran naman alade mai ƙamshin hayaƙi suke yi. Da ta ji ba ma ci, baiwar Allah nan ta ajiye baƙar tukunyar da ta gada wurin mahaifiyarta, ta je ta sayo sabuwa fil saboda mu. To me zai maye gurbin tsiran? Nan na tuna kilishina, raina ya sake ɓaci.

'Yar Maleshiya ce ta fito da wani dunƙule mai suna belacan, jatan landen da aka ruɓar da gishiri. Tana ɗora shi a wuta gida ya game da wari, tsohuwa ta toshe hanci ta yi waje. Ni kuwa na tsaya ina shaƙa, don daddawa ce sak, sai dai ta teku. Ta kirɓa shi da barkono da albasa ya zama sambal, yajinsu na can.

Daga nan gardama ta tashi. Tsohuwa ta soya kaza har gindin tukunya ya yi duhu, ta zuba albasa, koren tattasai da seleri, ukun da kusan kowane girkinsu ke farawa da su. Ta ce jambalayar Kajun ruwan ƙasa take, ja mai tumatir ta mutanen birnin Niyu Olins ce. Ga sambal kuma ja wur. Aka daidaita a kan cokali biyu, amma na ga yarinyar ta faki ido ta ƙara na uku, da madarar kwakwa rabin kofi. Ban tona ba.

Kurofish muka saya a bakin hanya, ɗan'uwan jatan lande mai hannuwa kamar kunama, wanda kakarsa ke kamawa wajen Maris zuwa Mayu. Na taya, mutumin ya dube ni kamar na zage shi. Ba sa ciniki, ba sa gyara. A kanti kuma farashin da ke jikin kaya daban, wanda za ka biya daban, sai a wurin biya ake ɗora haraji. A Kurmi wa zai yi maka haka?

Tafkin cike yake da manyan itatuwa tsaye cikin ruwa, wata farar ciyawa na reto a rassansu kamar gemun dattijo. Muna shimfiɗa tabarma sai ga kada kwance a kan kututture, bai fi taku ashirin ba. Ba wanda ya damu sai ni, ban zauna da baya ga ruwa ba har muka tashi. Tsohuwa ta ci faranti biyu, hawaye na zuba don yaji, tana cewa wannan ba jambalaya ba ce. Ƙanzon ma ita ta kankare.

Niyu Olins kwana biyu muka yi. Kogin Misisifi, kiɗa a kan titi, wani fanke mai garin sukari da ya ɓata mini baƙar abaya. Belacan ɗin da aka ba ni tsaraba, leda uku na naɗe shi, har yanzu akwatin na wari.