Ƙwai Nawa Layin Fitila Ɗaya Zai Ɗauka?

Kafin ka ƙara ƙwai ko ɗaya a gida, buɗe akwatin wuta ka duba lambar da ke jikin birekar layin fitilu, wato makunnin da ke yanke wuta da kansa in kaya ya yi wa layi yawa. A gidajenmu na Zariya akan tarar da 6A, wato amfiya 6, an ja ta da waya mai kaurin 1.5mm. Wutar da muke samu bolt 230 ce, idan ta zo cikakkiya. Ninka 6 sau 230, ka sami wat 1,380. Iyakar layin ke nan, amma ba a cika shi fal. Tsaya a kashi 80 cikin 100, wajen wat 1,100.

Da tsohon ƙwai mai wat 100, guda 11 ne kawai. Mai wat 60 kuwa, 18. Ƙwan LED ne ke ruɗar mutane. A takarda mai wat 10 zai shiga har 110, sai dai masu arha da suka cika kasuwar Sabon Gari sukan ja kusan ninki biyu na abin da lissafin wat ya nuna, kuma duk sukan fizgi wuta lokaci guda da an kunna. Don haka ninka wat ɗinsu biyu kafin ka tara.

Ɗauki gida mai ɗaki uku: LED 12 masu wat 12 sun ba da 144, a ninka ya zama 288. Fankar sama huɗu, kowace wajen wat 75, 300 ke nan, domin a layin fitila ake ɗaura su, abin da ake yawan mantawa. Sai fitilar halojin ta tsakar gida mai wat 500. Jimla 1,088. Layi ya cika, alhali ƙwayayen ɗaki ba su ci ko sulusi ba. Canza halojin ɗin da LED mai wat 50 shi ne gyara mafi sauƙi.

Inda ake ɓarna shi ne jan soket daga layin fitila, kamar yadda ake gani a ɗakunan haya na Samaru. Dutsen guga mai wat 1,000 ya hau, jimla ta haura 2,000, kusan amfiya 9, bayan ɗan lokaci bireka ta faɗi. Aikinta ta yi. Amma sai a cire ta a sa mai 32A, ko a ɗaure fiyus da wayar tagulla mai kauri. Daga nan wayar 1.5mm ce za ta riƙa ɗaukar zafin, a cikin silin, ƙarƙashin kwano, ga zafin Afrilu. In aka ci gaba da ƙara mata kaya, robar wayar ta narke, ba wanda ya gani. Soket layinsa daban, da waya 2.5mm.

Duba holda ma, wato mazaunin ƙwai. Ta roba da aka rubuta wa 60W, in ka sa mata ƙwai mai 100 za ta yi baƙi, ta fara farfashewa. Ka ji ƙaurin roba ko makunni ya yi ɗumi a hannu, kashe layin daga akwati, ka kira mai gyaran wuta kafin a sake kunnawa.